Ranar da Gwiwar Malam Ta Yi Sanyi

Tun da muka dawo daga Ingila ban huta da tambaya ba. A gidan suna a tambaye ni, a Islamiyya a tambaye ni, har mai kawo mana ruwa sai da ya ajiye jarkokinsa ya ce, "Hajiya, wai da gaske can rana ba ta fitowa?" Masu zuwa duba Malam kuwa, kowacce da abin da take son ji. Wata dusar ƙanƙara, wata kantuna, wata kuma so take ta ji ko surukata ta iya tuƙa tuwo. Na gaji da maimaitawa, shi ya sa na ce bari in zauna in rubuta sau ɗaya kowa ya huta. Amma ku sani tun yanzu, ni ba yawon buɗe ido na je ba. Gwiwa na raka.

Malam, maigidana, tsohon malamin Hausa ne a sakandare. Shekara da shekaru gwiwarsa ta dama tana cinsa. An yi shafe-shafe, an sha sassaƙe, an je asibiti aka ce guringuntsin da ke tsakanin ƙasusuwan ya cinye, ƙashi ne yake gugar ƙashi. Tun yana zuwa masallaci da sanda har ya koma salla a kan kujera a tsakar gida. Sai ɗanmu Mukhtar, wanda yake aikin injiniya a Manchester, ya ce a kawo shi a sa masa gwiwar ƙarfe.

Malam ya ce atafau ba zai je ba, kuma yana da dalilinsa. Wani abokinsa na majalisa an fita da shi waje saboda gyambo a ɗan yatsa, aka dawo da shi da ƙafa ɗaya. Ciwon suga gare shi, irin na Malam. Tun daga ranar, in aka ce asibitin waje, yanke ƙafa kawai Malam yake ji. "Da muguwar rawa gara ƙin tashi," in ji shi. "Ni dai a bar ni in shiga kabarina da ƙafafuna biyu." Ni ce na matsa, don na gaji da jin nishinsa duk lokacin da zai miƙe. Na ce, "Malam, da ƙafa biyu za ka tafi, da biyu za ka dawo in Allah ya yarda. Ka bar wannan a wuyana." Ya dube ni ya ce to. Yana cewa to ɗin nan na gane na ɗauki alkawarin abin da ba a hannuna yake ba.

Rigima ta fara tun daga filin jirgin Kano. Mukhtar ya shirya a tura Malam a keken marasa lafiya, Malam ya ce shi ba gurgu ba ne, kuma akwai tsofaffin ɗalibansa a cikin ma'aikatan. Haka ya ɗingisa har cikin jirgi. Da muka sauka a ƙasar da za mu canza jirgi, sai ga wani dogon baranda da ba a ganin ƙarshensa. Bai yi nisa ba ya jingina da bango, gumi yana zuba. Na ce a hankali, "Girman kai rawanin tsiya." Ya yi kamar bai ji ba, amma da wata yarinya ta turo keken ya zauna ba musu.

A Manchester, mai duba fasfo ya tambayi abin da ya kawo mu. Malam yana jin Turanci, amma irin namu na gida, ga kunnensa ya fara nauyi, su kuma mutanen nan kamar da ruwan zafi a bakinsu suke magana. Sai kawai ya ɗaga babbar rigarsa ya buga gwiwar da tafin hannu. Mutumin ya yi dariya, ya duba takardun asibiti, ya buga hatimi. Na ce alhamdulillahi, an wuce. Ashe da sauran aiki. Muna ɗaukar kaya sai ga wata mata da kare, karen ya zo ya kafa hanci a jakata, jakar da dardumar sallata take ciki! Na yi salati na ja da baya. Aka buɗe, aka kwashe kilishin da na yo wa Mukhtar tsaraba da man shanun da nake shafa wa Malam a gwiwa. Matar tana kwashewa tana cewa "sorry". Mutanen nan ko taka su ka yi, su ne za su ba ka haƙuri, amma haƙurin ba ya hana su yin abin da suka yi niyya.

A waje Mukhtar yana jiran mu, shi da matarsa Rahina. Wannan ne karo na farko da na gan ta ido da ido, don a can aka ɗaura aurensu, mu ta waya muka halarta. Iyayenta Hausawan Gana ne, 'yan zangon Kumasi, ita kuwa a Manchester aka haife ta, a ofishin council, wato ƙaramar hukuma, take aiki. Ina jiran ta durƙusa ta gaishe mu, sai na ji an rungume ni har mayafina ya zame.

"Mma! Sannu da zuwa! Ka gaji, ko? How was the flight?"

Na waiga in ga wane namiji ake yi wa magana. Ashe ni ce. A Hausar Rahina duk duniya maza ne, ni "ka", Malam "ka", mota ma "ya zo". Ta juya wajen Malam a tsaye ƙiƙam ta ce, "Baba, yaya ƙafa?" tana kallon tsakiyar idonsa. Ni da na yi shekara arba'in da aure ban taɓa haɗa ido da mahaifin Malam ba har ya koma ga Allah. Na ƙulla abin a raina.

Gidansu a Levenshulme yake, unguwar da gidaje suke manne da juna, jan bulo iri ɗaya, ƙofa iri ɗaya. In maƙwabci ya yi tari kana ji, amma ba ka san sunansa ba. Matsalar gidan ita ce banɗaki a sama yake, matakalar kuwa siririya ce mai tsayi. Malam ya tsaya a ƙasa ya ɗaga kai ya dube ta, ya ce, "Wannan ai Siraɗi ce." Dole aka shimfiɗa masa a falo, duk lokacin alwala Mukhtar ya tallabe shi su hau, ni ina bayansu ina karanto duk addu'ar da ta zo bakina. Kwanakin nan ban yi barcin kirki ba. In ya yi motsi sai in farka, in ya yi shiru ma sai in farka.

Mahaifiyar Rahina ta gayyace mu gidanta a Gorton. Mace mai fara'a, mai aikin gyaran ofisoshi da sassafe. Ta kawo shinkafa da wake da aka dafa da karan dafi har suka yi ja, da taliya a kai, da garin kwaki, da dafaffen ƙwai, duk a faranti ɗaya, sai wani baƙin yaji mai mai da suke kira shito. Na ɗebo shi kamar yadda nake ɗiban yajinmu na gida. Wallahi sai da na ga taurari da rana. Ina hawaye ina cewa akwai daɗi, ita kuma tana ƙara mini tana cewa, "Ci, Hajiya, ya yi cau, ko?" Haka suke faɗin kyau. Malam kuwa daɗi ya ishe shi, tsohon malamin Hausa ya samu abin nazari. Duk kalmar da suka faɗa sai ya maimaita ta a hankali yana murmushi, har ya manta da ƙafarsa na ɗan lokaci.

Likitar da za ta yi aikin a Birmingham take. Wani abokin Mukhtar, likita ɗan Katsina, shi ya ce ta ƙware. Muka kama hanya a mota har da Rahina, titi shimfiɗe ba rami ko ɗaya, amma ba mai rake, ba mai dafaffen ƙwai, ba wanda zai leƙo taga ya ce maka sannu. Sai ruwan sama siriri da ba ya ƙarewa. Mun tsaya a wani wurin hutawar matafiya don yin azahar. Wurin wanke hannu ya kai ƙugu, ba wurin wanke ƙafa. Na cika butata na raɓe a gefen mota ina alwala, sanyi kamar zai tsinke mini yatsu, wata tsohuwa da karenta sanye da rigar sanyi suka tsaya suna kallona. Na ce a raina, ke da kika ɗinka wa kare riga, ai ke ce abin kallo.

A Birmingham mun sauka a Lozells, gidan ƙanwar mahaifiyar Rahina, wadda kowa yake kira Anti Ladi. Ta bar mana ɗakinta na ƙasa, kuma Allah ya taimake mu akwai banɗaki kusa da kicin. Unguwar ta fi kwanta mini. Akwai mahauta, akwai masallaci, akwai shagon da na samu kuɓewa busasshiya da daddawa.

Washegari muka je ganin likita. Ta shigo, 'yar siririyar Baturiya, ta faɗi sunanta na yanka ba ko "Dakta" a gaba, na ɗauka nas ce. Ta ɗauko gwiwar roba daga kan tebur, mai lanƙwasuwa kamar ta gaske, ta fara bayani Mukhtar yana fassarawa. Ƙashin cinya, wai sunansa femur. Babban ƙashin ƙwauri, tibia. Siririn da ke raɓe da shi ta waje, fibula, shi ba ruwansa, ba za a taɓa shi ba. Ƙoƙon gwiwa kuma patella.

Malam ya karkato kunne. "Me ta ce za ta yanke?"

"Saman tibia, Baba. Kaɗan za a shafce."

"Cibiya?" Ya dafe cikinsa da hannu biyu. "Me ya haɗa cibiya da gwiwa?"

Sai da Mukhtar ya kama ƙwaurinsa ya nuna masa. Ni kuwa patella na ji kamar fatala, har yau haka nake kiran ta. Likitar ta ci gaba. Ta nuna igiyoyin da ke riƙe da gaɓar, Mukhtar ya ce jijiya. Ta nuna wadda take kai saƙon ji da motsi, ya ce jijiya. Ta juya gwiwar ta nuna wata ja da ta bi ta bayanta, mai kai jini har tafin ƙafa, ya sake cewa jijiya. Ta tsaya ta tambaya ko duk suna ɗaya ne a wurinmu. Malam ya ji haushi, an taɓa masa Hausa, ya fara lissafo mata agara da sha-raɓa da idon sahu da dunduniya. Ta yi ta gyaɗa kai cikin ladabi. Amma ta ce wannan jar ita ce abin lura ga mai ciwon suga, don takan ƙuntace.

Ana cikin haka wayar Mukhtar ta yi ƙara, wai lokacin da ya biya na ajiye mota ya kusa cika. A ƙasar nan mota ma haya take biya in ta tsaya. Ya fita da gudu ya bar Rahina ta ci gaba da yi mana tafinta. Likitar ta ɗauko ƙarfen da za a sa, mai ƙyalli, ta ce za a shafce ƙarshen ƙashin cinya da saman na ƙwauri, a kafa ƙarfe sama da ƙasa, a sa roba a tsakani. Ta kuma lissafo abubuwan da kan iya faruwa, ba ta ɓoye ko ɗaya ba, har da wanda Malam ya fi tsoro, ko da yake ta ce da wuya ƙwarai. Mu a gida likita cewa zai yi "ba komai, in sha Allahu". Na ga fuskar Malam ta canza. Ya sunkuyar da kai ya ce, "Kai, gwiwata ta yi sanyi."

Kafin in buɗe baki Rahina ta juya ta faɗa wa likita da Turanci. Matar nan ta ajiye ƙarfen, ta zagayo da sauri, ta cire wa Malam safa, tana taɓa bayan ƙafarsa tana tambayar tun yaushe. Aka kira nas, aka kawo wata 'yar na'ura aka ɗora masa kusa da idon sahu, sai ga ƙara tana fita, fuu, fuu, fuu, wai tafiyar jini ce. Malam ya zazzaro ido, ni kuwa na ɗauka sun gano wani abu ne. Mukhtar ya dawo ya tarar da ɗaki a hargitse. Da aka maimaita masa abin da Malam ya ce, sai ya dafa bango yana dariya.

"Rahina, it's an idiom! Yana nufin ya karaya, tsoro ya kama shi."

"But cewa ya yi ya yi sanyi," in ji ta. "Sanyi is cold."

Likita ma ta yi dariya, ta ce gara haka. A mota kuwa ban raga wa Rahina ba. Na ce, "'Yar nan, Hausa ba dabo ba ce. In na ce miki cikina ya ɗuri ruwa, sai ki kawo mini bokiti?" Kowa ya yi dariya, har Anti Ladi da aka ba ta labari daga baya. Rahina ta yi murmushi kawai tana kallon taga. Na ga maganar ta yi mata zafi, kuma gaskiya a lokacin daɗi na ji.

Ranar aiki ba na son tuna ta. Allura aka yi masa a gadon baya, daga ƙugu zuwa ƙasa ya mutu, amma idonsa biyu. Ni ina waje da carbi, duk wanda ya fito da koren kaya sai in miƙe tsaye. Da aka turo shi, ban kalli fuskarsa ba, ƙarshen bargo na kalla. Tudu biyu. Na ce alhamdulillahi. Shi kuwa cewa ya yi, "Hajiya, ashe kafintoci ne. Ina jin guduma da kunnena." Abin mamaki, washegari suka tashe shi tsaye, wai ya taka. Mu da mai karaya yake wata da watanni a kwance! Ba a jima ba suka sallame mu, da sanduna biyu, da magunguna, da umarnin ya riƙa lanƙwasa gwiwar kullum ko da zafi, a kuma riƙa ɗora masa ƙanƙara. Nas ta yi dogon bayani da Turanci, ni dai ban kama rabinsa ba. Mukhtar ya koma Manchester don hutun da aka ba shi ya ƙare, aka bar Rahina tare da mu.

Kashegarin sallamar, bayan azahar, Malam yana kishingiɗe a falon Anti Ladi, an rufa masa bargo. Tun safe na lura ya yi shiru, yana cije leɓe. Na san an ce za a yi zafi, kuma na san halinsa, ba zai yi raki a gidan surukai ba ko da wuƙa ake yanka shi. Lokacin motsa ƙafa ya yi, na zo na ce ya tashi. Ya dube ni, ya yi magana ƙasa-ƙasa don kada a ji a kicin.

"Hajiya, gwiwar nan tawa fa ta yi sanyi."

Raina ya ɓaci. Na ce, "Haba Malam! An sha wuya an gama, sai yanzu za ka karaya? Kai da kake yi wa ɗalibai wa'azin haƙuri? Mai nema yana tare da samu. Daure ka lanƙwasa ko sau biyar ne."

"Ba ki gane ba," in ji shi.

"Na gane sarai. Shekara nawa muna tare?"

Ashe Rahina tana bakin ƙofa da kofin shayi. Ta ajiye shi a kan talabijin. "Baba, wane sanyi? Cold cold, ko na tsoro?"

Na ce, "Ke kuma kin fara ko? Ba an gaya miki ba?"

Ba ta ko kalle ni ba. Ta zo ta zube a gaban Malam, gwiwa biyu a ƙasa, ta yaye bargon, ta kama ƙafar surukinta da hannu biyu. Na ce, "La'ilaha illallahu! Rahina, ba ki da kunya ne?" Malam ma ya so ya janye, amma ƙafar ba ta bi umarninsa ba. Ta saki ta dama ta kama ta hagu, ta sake komawa ta dama.

"Mma, taɓa."

"Ai ƙanƙara aka ɗora masa ɗazu."

"A gwiwa aka sa ice, ba a nan ba. Mma, please, taɓa."

Na taɓa ta hagu, ɗumi irin na mutum. Na taɓa ta dama. Daga tsakiyar ƙwauri zuwa yatsu kamar randa da asuba. Na juya tafin, ya yi fari fat, babu jini. Ta ce ya motsa yatsunsa, ya yi ta ƙoƙari, babban ne kawai ya ɗan girgiza. Nan ne tawa gwiwar ta yi sanyi, irin sanyin da na sani. Na zauna daɓas a ƙasa, ba abin da nake gani sai abokin Malam da wandonsa naɗe da fil.

Rahina tana kan waya, Turanci yana zuba kamar ba ita ce mai in'ina da Hausa ba. Ashe cikin bayanin da nas ta yi har da wannan, in ƙafa ta yi sanyi ko ta mutu, kada a jira. Motar asibiti ta zo da jiniya, maƙwabta suka leƙo ta labule. A ciki Malam ya riƙe hannuna, abin da bai taɓa yi a gaban mutane ba, ya ce, "Hajiya, alkawarinki." Na ƙara damƙe hannunsa.

A asibiti suka kawo 'yar na'urar nan. A ƙafar hagu, fuu, fuu, fuu. Aka mayar da ita ta dama. Shiru. Suka matsa sama, suka matsa ƙasa, shiru. Wani likitan jijiyoyin jini ya zo, ya ce jini ne ya daskare ya toshe jar jijiyar nan ta bayan gwiwa, za su shiga yanzu su buɗe ta. Rahina ta tambaye shi wani abu, ya amsa. Na ce ta faɗa mini. Ta ce, "Ya ce zai yi ƙoƙari. Bai yi promise ba." Na ce a raina, ya fi ni hankali.

Muka zauna a baranda ni da ita, Mukhtar yana kan hanya. Ban san lokacin da na fara kuka ba. Ta matso ta rungume ni irin rungumar filin jirgi, wannan karon ban gyara mayafi ba. Tana ta cewa, "Mma, kada ka yi kuka, Allah yana nan." Ban taɓa jin "ka" mai daɗin wannan ba.

Da aka fito da shi, ban tsaya kallon bargo ba, na cusa hannu ƙarƙashinsa. Ɗumi. Nas ta ɗora na'urar don in ji da kunnena, ƙarar tana fita a hankali, amma tana fita. Likitan ya ce da an bari har dare, da wata maganar ake yi. Na kalli Rahina, ta sunkuyar da kai tana wasa da zobenta.

Bayan Malam ya warware na tambaye shi, "Wai don Allah ranar nan wane sanyin kake nufi?" Ya yi ɗan tunani ya ce, "Duka biyun. Na ji ƙafar ta yi sanyi, sai gwiwata ta yi sanyi." Na ce to me ya hana ka faɗa dalla-dalla? Ya ce shi a saninsa ya faɗa.

Mun ƙara makonni a Levenshulme kafin a ba mu izinin hawa jirgi. Rahina ce take sa shi lanƙwasa gwiwa safe da yamma, tana ƙirga masa da Hausarta, shi kuma yana gyara mata "ya" da "ta". Ba ta gyaru ba. Ranar da ya hau Siraɗin nan da kansa, dafe da ƙarfen gefe, sai da na yi guɗa, maƙwabcin da ba mu san sunansa ba ya buga bango.

A filin jirgi, da za mu rabu, Malam ya tsaya a kan sandarsa ya kira ta. Bai saba yabon mutum a gabansa ba, sai da ya gyara murya sau biyu.

"Rahinatu, Allah ya yi miki albarka. Ke kika ƙarfafa mini gwiwa."

Ta girgiza kai da gaske. "A'a Baba, ba ni ba ne. Ƙarfe ne likita ya sa."

Mukhtar ya buɗe baki zai yi mata bayani, na galla masa harara ya rufe. Malam ya yi dariya har sandarsa tana rawa, sai kuma na ga ya ɗaga hannun riga yana share ido. Na jawo ta na rungume, ni da kaina.

Da muka zo wucewa ta ƙofar bincike, na'ura ta yi ta kuka a kan Malam saboda ƙarfen. Ya ɗaga riga ya buga gwiwar, kamar ranar da muka shigo, ya wuce da ƙafafunsa biyu.

Masu tambaya ko surukata ta iya tuƙa tuwo, ba ta iya ba, gudaji ne fal a ciki. Durƙuso ma sau ɗaya na ga ta yi. Malam yanzu yana zuwa masallaci, sujada dai har yau a kan kujera yake yi, an ce sai a hankali. Kullum da safe in na ce, "Malam, yaya ƙafar?" sai ya ce da sauƙi, alhamdulillahi. Nakan ce madalla. Sannan in durƙusa in taɓa.